Wane Littafi Za A Saya Wa Masu Koyon Rubuta Manhaja?

A farkon shekarar 2024 ne Hukumar Kula da Ilmin Fasaha ta Ƙasa, watau NBTE mai hedkwata a Kaduna, ta raba kwas ɗin babbar difloma ta ilmin kwamfuta gida huɗu, ɗaya daga cikinsu kuwa shi ne na rubuta manhaja da gina shafukan intanet. Wannan mataki ne da ya cancanci yabo. Amma fa sanya wa kwas suna abu ne mai sauƙi, cika shi da ilmi shi ne aikin, kuma ba a cika shi sai da malamai da na'urori da littattafai. Maganar malamai da na'urori ana yin ta kullum. Ta littattafai ce aka bari a baya, kamar dai duk littafin da aka rubuta sunan harshen kwamfuta a bangonsa ya wadatar, alhali kuwa a wannan fanni akwai littafin da ke tsufa cikin shekara biyu, akwai kuma wanda ya shekara talatin bai tsufa ba. Kwamitin sayen littattafai da bai san bambancin ba, kuɗin jama'a zai ɓarnatar.

Kada ma'aikacin gwamnati ya ɗauka wannan zance na ɗalibai ne kaɗai. Tun 2007 aka fara biyan albashin ma'aikatan tarayya ta tsarin IPPIS. A 2015 aka tilasta zuba kuɗin shiga na gwamnatin tarayya cikin asusun bai ɗaya, a shekarar kuma hukumar JAMB ta mai da jarrabawarta gaba ɗaya kan kwamfuta. Albashi da haraji da takardar shiga jami'a duk sun koma hannun manyan manhajojin da ke aiki ta intanet. Yaron da yau yake zaune a ajin kwalejin fasaha, shi ne gobe zai rubuta ko ya gyara manhajar da za ta lissafa fanshon wanda ke karanta wannan shafi. Ke nan abin da yaron ya karanta ya shafi aljihun dattijon.

Domin a fahimci abin da ake jayayya a kai, ya kamata a fara bayyana salon rubuta manhaja da ake kira tsarin abubuwa, wanda shi ne ginshiƙin harsuna irin su Java da C# da C++. Duk wanda ya taɓa aiki a rajistar ma'aikata ya riga ya san rabin zancen. A ofis akwai fam wanda ba a cika ba, mai gurbin suna da matakin albashi da ranar kama aiki. Sa'an nan akwai fayil ɗin Malam wane, wanda aka cika bisa wannan fam. Fam ɗin shi ne zubi, fayil ɗin kuwa shi ne abu. Zubi ɗaya ne, abubuwan da aka zuba daga gare shi dubbai ne. Haka kuma a ofis mai tsari ba kowa ke buɗe fayil ya sauya matakin albashi da alƙalaminsa ba. Sai ya bi ta hannun akawun da ke riƙe da shi, shi kuma akawun ba zai rubuta ba sai ya ga takardar ƙarin girma. Wannan shi ne killacewa: bayanan abu suna ɓoye a cikinsa, ba a taɓa su sai ta ƙofofin da shi ya yarda. Akwai kuma gado, inda zubin malamin makaranta da na ma'aikacin jinya suke gadon komai daga zubin ma'aikaci, kowane ya ƙara nasa alawus. In aka ba da umarni guda, a lissafa albashi, kowane abu zai amsa bisa ƙa'idarsa ba tare da mai umarnin ya san dalla-dalla ba.

Wannan tunani ba sabo ba ne. Wasu masana biyu 'yan ƙasar Norwe, Ole-Johan Dahl da Kristen Nygaard, su ne suka fito da shi cikin harshen Simula a 1967. Alan Kay da abokan aikinsa suka faɗaɗa shi cikin harshen Smalltalk a kamfanin Xerox a shekarun 1970. Bjarne Stroustrup ya shigar da shi cikin C++, ya fitar da littafinsa a 1985, kamfanin Sun Microsystems kuma ya fito da Java a 1995. Watau tushen ya haura shekara hamsin, kuma bai gusa ba. Abin da ke sauyawa shi ne kayan aikin da ake ɗora wa tushen, kuma nan ne mai sayen littafi yake faɗawa rami.

Tarihin Java kaɗai ya isa misali. A ƙarshen 1999 aka fito da tarin ƙa'idojin gina manyan manhajojin kamfanoni da sunan J2EE. A 2006 aka sauya sunan ya koma Java EE. A 2010 kamfanin Oracle ya saye Sun, a 2017 ya miƙa wannan ɓangare ga gidauniyar Eclipse, aka sake raɗa masa suna Jakarta EE. Da sauyin suna ne kawai da ba kome. Amma a 2020, cikin bugu na 9, aka sauya kalmar da ake fara kiran kayan aikin da ita a cikin rubutun manhaja, daga javax zuwa jakarta. Sakamakon haka, ɗalibin da ya ɗauko littafin da aka buga a 2015, ya kwafi misalin da ke ciki harafi da harafi, ya ɗora shi kan Tomcat 10, ba zai ga ya yi aiki ba. Zai kwana yana neman inda ya yi kuskure, alhali bai yi ba. Wani ma daga nan zai yanke cewa kansa ne ba ya ja, ya bar fannin. Wannan hasara ce da ba a rubuta ta a kowane rahoto.

Haka zancen yake ga ƙananan manhajojin da ake kira applet, waɗanda tsofaffin littattafan Java suke ba su babi guda ko biyu. Manhajojin buɗe shafukan intanet sun daina karɓar su tuni, masu Java da kansu sun ayyana su cikin abubuwan da aka yi watsi da su tun 2017. Malamin da har yanzu yake kawo su cikin jarrabawa don suna cikin littafin da ke kan teburinsa, yana koya wa yara hawan dokin da ya riga ya mutu. Bugu da ƙari, tun daga 2018 ana fitar da sabon bugun Java duk wata shida, ana kuma ware wasu don dogon amfani, kamar na 11 a 2018, na 17 a 2021 da na 21 a 2023. Babu maɗaba'ar da za ta iya tsere da wannan gudu.

Ko littafi mai kyau ma bai tsira ba. Spring in Action na Craig Walls littafi ne da masu aikin suke yabawa, bugunsa na shida ya fito a farkon 2022. Kafin shekarar ta ƙare, cikin watan Nuwamba, aka fito da Spring Boot 3, wanda ya koma kan jakarta, ya kuma ƙi karɓar Java da bai kai na 17 ba. Marubucin bai yi laifin kome ba. Yanayin irin wannan littafi ke nan: kamar jadawalin jirgin ƙasa yake, yana da amfani ƙwarai a shekararsa.

To, ga ɗaya rukunin. A 1994 mutum huɗu, Erich Gamma da Richard Helm da Ralph Johnson da John Vlissides, suka fitar da Design Patterns, inda suka tattara dabaru 23 na yadda ake haɗa abubuwa su yi aiki tare. Misalansa da C++ da Smalltalk aka rubuta su, tun Java bai fito ba, amma har yau sunayen da suka raɗa wa dabarun su ne masu aikin suke kiran juna da su a ofis. Wani babban darasinsa shi ne a yi hattara da yawan gado, a gwammace haɗa abu da abu. Wanda ya taɓa ganin manhajar da aka jera mata zubi bakwai kowane yana gadon na samansa, har aka taɓa na kaka sai na jika ya rushe, ya san dalilin wannan gargaɗi. A 1999 Martin Fowler ya fitar da Refactoring, kan yadda ake gyara tsarin tsohuwar manhaja kaɗan-kaɗan ba tare da an sauya aikinta ba. Wannan kuwa shi ne ainihin aikin da yawancin waɗanda suka gama karatu za su tarar, gama ba kasafai ake ba sabon ma'aikaci fili ya gina daga tushe ba. Gadon rubutun wani ɗan kwangila da ya tafi ake miƙa masa.

Littafin da ya fi dacewa da bukatar ma'aikatu shi ne wanda Fowler ya fitar a 2002, Patterns of Enterprise Application Architecture. Wasu sassansa sun tsufa, ba a musu. Amma matsalolin da ya tattauna suna nan daram. A ce akawu biyu sun buɗe bayanan ma'aikaci guda a lokaci guda, ɗaya a hedkwata ɗaya a ofishin shiyya. Na farko ya gyara matakin albashi ya adana. Na biyu, wanda ya buɗe tun kafin gyaran, ya sauya lambar asusun banki ya adana. In manhajar ba ta da dabara, adanawar na biyu za ta shafe gyaran na farko, ƙarin girman ya ɓace ba wanda ya sani, sai ƙarshen wata mai shi ya zo yana rantsuwa. Maganin da littafin ya bayyana shi ne a riƙa sanya wa kowane bayani lambar bugu, in wanda zai adana ya zo da tsohuwar lamba sai a tsai da shi a ce ya sake buɗewa. Abu ne mai sauƙi in an sani. Wanda ya koyi aikin daga gajerun bidiyo na yadda ake gina shafi cikin awa ɗaya ba zai taɓa cin karo da matsalar ba, domin shi kaɗai ne ke amfani da abin da ya gina.

Haka nan maganar kuɗi. Kwamfuta tana ajiye lambobi masu ɗigo da tsarin biyu-biyu, saboda haka in aka tara 0.1 da 0.2 da irin lambar da ake kira double, amsar ba ta fitowa 0.3 cif, akwai ɗan burbushi a can ƙarshe. A lissafi guda ba a ganin sa. A albashin mutum dubu hamsin, wata bayan wata, sai littafin kuɗi ya ƙi daidaita, a shiga zargin juna. Joshua Bloch ya yi wannan gargaɗi cikin Effective Java, wanda ya fara fitowa a 2001, bugunsa na uku kuma yana ɗauke da shawarwari 90. Shawararsa ita ce a lissafa kuɗi da lambar da aka tanada don lissafi na daidai, ko kuwa a ƙirga shi da ƙaramin ma'auninsa, watau a nan da kwabo.

Wanda yake ganin waɗannan ƙananan abubuwa ne, sai ya dubi abin da ya faru a Birtaniya. A 1999 hukumar gidan waya ta ƙasar ta fara amfani da manhajar lissafi mai suna Horizon, wadda kamfanin Fujitsu ya gina. Manhajar ta riƙa nuna giɓin kuɗi a rassan da ba a taɓa kwabo ba. Daga 1999 zuwa 2015 aka gurfanar da ɗaruruwan masu kula da rassa gaban shari'a bisa zargin sata da maguɗin lissafi, wasu aka ɗaure su, wasu suka sayar da gidajensu suka biya bashin da ba su ci ba. Sai a 2019 babbar kotu ta tabbatar manhajar tana da kurakurai, a 2024 kuma majalisa ta yi doka ta soke hukunce-hukuncen. Ɗaya daga cikin kurakuran shi ne allon yakan daskare, ma'aikaci ya sake danna maɓalli, manhajar kuma ta rubuta shigar kuɗin sau biyu ko fiye. Yadda ake hana aiki guda rubutuwa sau biyu, da yadda ake tabbatar da cewa ciniki ko dai ya kammala dukansa ko a soke shi dukansa, darussa ne da ke cikin littattafan rukuni na biyu. Abin lura ga ma'aikacin gwamnati shi ne, a can ba masu rubuta manhajar aka fara kamawa ba. Ƙananan ma'aikata aka kama.

Ba a ce a fara ɗora wa ɗan aji ɗaya waɗannan manyan littattafai ba. Design Patterns a hannun wanda bai taɓa rubuta manhaja mai layi dubu ba, kamar ba yaro ɗan firamare littafin shari'a ne. Zai haddace sunaye, ya riƙa cusa dabara inda ba a bukatarta. Mafari yana bukatar littafi mai saukar da kai, irin Head First Java na Kathy Sierra da Bert Bates, wanda ya fara fitowa a 2003. Sai dai a nan ma a duba bugu, gama na biyu na 2005 ne, kuma shi ne ya daɗe yana yawo a hannun mutane, na uku bai fito ba sai 2022. Yana da zane-zane da barkwanci irin na Amurkawa, wanda wani lokaci yakan fi darasin wuyar ganewa ga yaron da ya tashi a Gumel ko Kontagora, amma yadda ya bi da zubi da abu da gado yana shiga kai. Akwai kuma Think Java na Allen Downey da Chris Mayfield, wanda marubutan suka yarda a sauke shi kyauta, da darussan Java da Jami'ar Helsinki ta ƙasar Finlan ta buɗe wa kowa kyauta, masu ɗimbin aikin gwaji. Bayan shekara guda ana rubutu da hannu, sai Effective Java da Refactoring. Sauran su biyo baya in mutum ya fara haɗa manhajarsa da rumbun bayanai, ya ga matsalolin da idonsa.

Akwai masu cewa zamanin littafi ya wuce, tun da ga bidiyo a YouTube, ga kuma manhajoji irin su ChatGPT da ya fito a ƙarshen 2022, waɗanda za a tambaye su su rubuto amsa nan take. Maganarsu tana da ƙamshin gaskiya ta fuska ɗaya: game da kayan aikin da ke sauyawa duk wata shida, bayanin da masu kayan suka wallafa a intanet ya fi kowane littafi sabunta, kuma kyauta ne. A nan kam littafi ya sha kaye. Amma na'urar da ke amsa tambaya, abin da aka tambaye ta take amsawa. Wanda bai san akawu biyu suna iya shafe aikin juna ba, ba zai yi tambayar ba, kuma ba shi da ma'aunin da zai gane ko abin da aka rubuto masa yana da rami. Littafi mai kyau yana kai mutum inda bai yi niyyar zuwa ba, babi bayan babi, har ya san abin da ya kamata ya ji tsoro. Ga kuma wata fa'ida da bai kamata a raina ba a garin da wutar lantarki take zuwa ta tafi yadda ta ga dama: littafi ba ya cin data, ba ya bukatar caji.

Tarihin fannin ma ya nuna ƙarfin littafi. A farkon shekarun 2000 gina manhaja da J2EE ya yi nauyi ƙwarai, aiki kaɗan sai an rubuta fayiloli barkatai. A 2002 Rod Johnson ya fitar da Expert One-on-One J2EE Design and Development, ya soki wannan nauyi, ya haɗa da rubutun manhajar da ke nuna hanya mafi sauƙi. Daga wannan rubutu ne aka samu Spring, wanda bugunsa na farko ya fito a 2004, kuma yau bankuna da manyan kamfanoni da yawa a duniya a kansa suke gini. Littafin da kansa ya zama na tarihi, ba a ba ɗalibi shawarar ya koyi aiki daga gare shi yanzu, amma hujjojinsa suna da daɗin karantawa ga malami.

Wani gurbi da jerin littattafan makarantu ya kan bari shi ne na tsaro. A 2017 aka kutsa cikin kamfanin Equifax na Amurka aka kwashe bayanan mutum kimanin miliyan 147, ta wata ɓaraka a cikin Apache Struts wadda an riga an fitar da maganinta watanni kafin nan, kamfanin bai ɗora ba. A Disamban 2021 aka gano wata ɓarakar a Log4j, ɗan ƙaramin kayan aiki da ke cikin manhajojin Java marasa iyaka. Yanzu da Nijeriya ta yi dokar kare bayanan jama'a a 2023, ma'aikatar da ta bar bayanan mutane a buɗe tana da abin amsawa. Ƙungiyar OWASP tana wallafa jerin manyan haɗurra goma na manhajojin intanet kyauta. Babu dalilin da zai sa ɗalibi ya karɓi difloma bai karanta shi ba.

Saura maganar kuɗi, wadda ita ce takan kashe kowace shawara. Tun da aka saki darajar naira a tsakiyar 2023, har dala ta haura naira 1,500 a farkon 2024, littafin waje ya fi ƙarfin ɗalibi, ya fi ƙarfin malaminsa ma. Abin da ya rage shi ne ɗakin karatu, kuma asusun TETFund yana ware wa manyan makarantun gwamnati kaso don bunƙasa ɗakunan karatu. Tun da kuɗin ba su da yawa, hankali ya nuna a zuba su inda za su daɗe. Kwafi goma na littafin tushe za su yi wa makaranta hidimar shekara goma sha biyar. Kwafi goma na littafin wani kayan aiki, kafin a gama takardun kwangila, a kawo, a buga hatimi, a jera a kanta, wataƙila an riga an fitar da sabon bugu. Irin waɗannan a sayi ɗaya ko biyu na ajiya, sauran a dogara ga bayanin intanet, a kuma bar ɗakin kwamfuta a buɗe har dare.

Wajibi ne kuma a sauya yadda ake rubuta takardar oda. Sau da yawa sunan littafi kawai ake rubutawa, ɗan kwangila kuwa ya kawo bugun da ya fi araha a wurin dillali, wanda galibi shi ne wanda ya kwana a sito. A rubuta suna da marubuci da bugu da shekara da lambar ISBN, kuma kada ma'ajin ɗakin karatu ya sa hannu a takardar karɓa sai malamin da ke koyar da darasin ya buɗe littafin ya duba. Tsofaffin da ke kan kanta kuma ba sai an ƙone su ba. A manna musu takarda a bango mai nuna shekarar bugu da bugun Java da suka dace da shi, domin yaron da ya ɗauka ya san da wane zamani yake magana.

Ma'aikatun da ke da sashen kwamfuta su ma abin ya shafe su. Ana kashe kuɗi mai yawa wajen tura jami'ai bita ta kwana uku a otal, su dawo da jaka da takardar shaida. Kuɗin bita guda zai sayi kanta guda ta littattafan nan, a ajiye a sashen, a ware awa biyu ranar Alhamis ma'aikata su karanta babi ɗaya tare, su gwada shi kan manhajar da suke riƙe da ita. Jami'in da ya karanta Fowler, ko da bai rubuta layi ɗaya ba, in ɗan kwangila ya kawo sabuwar manhajar albashi zai iya tambayarsa abin da zai faru in akawu biyu suka buɗe fayil guda, da kuma irin lambar da aka lissafa kuɗi da ita, kafin babban sakatare ya sa hannu a takardar biya.